Dangwalen Halliru Mahauci

Garwa, 14 ga Janairu, 1974

Daga Halliru mahauci zuwa ga Lukmanu ɗan marigayi Hamidu, a bakin ruwan Mbakawu, ta Tibati.

Sallama da gaisuwa. Ina fata kana lafiya kai da matarka Luba. Mu nan lafiya, sai dai Inna idonta ya ƙara rufewa, yanzu da lalube take yawo a tsakar gida, amma bakinta yana nan yadda ka san shi. Kasuwa kuwa sai godiya. Shanun da fari ya bari duk ƙashi ne, ka yanka sa ka rasa kitsen da za ka nuna wa mai saye.

Bayan haka, ba don hira na ɗauki alƙalami ba. Ranar Litinin masinjan banki ya same ni a teburina, hannuna duk jini, ya miƙo mini takarda a gaban mutane. Na kai wa maƙwabcina Théodore, akawun nan mutumin Poli, ya karanta mini Faransancin. Wai wata biyar ke nan ba ka zuba musu ko dala ba daga cikin sefa dubu ɗari shida da ka karɓa don sayen inji da kwale-kwale da koma. Wata biyar, Lukmanu, ko a saƙon baki ba ka gaya mini ba, sai a bakin baƙo na ji.

Ka tuna yadda aka yi. Ka zo ka durƙusa a zauren gidan nan ka ce banki ba ya ba mutum bashi sai da mai gida a gari wanda ya san shi. Ni raina bai so ba. Inna ce ta ce yaron da ya yi shekara shida yana cin tuwon gidan nan lokacin da yake lakwal, makarantar boko, ba za a ce yau ba a san shi ba. Na ɗauki takardar gidana na bi ka banki, suka karɓa suka duba, na dangwala yatsa inda ka nuna mini. Zumuncinmu ba na kusa ba ne, kakarka da Inna 'ya'yan wa da ƙane ne, amma ban tsaya lissafin wannan ba.

To, yanzu ga abin da nake so. Ka hau mota ka zo Garwa, in kai ka gabansu, ka yi musu bayani da bakinka. Ni na yi maka lamuni, aikina in kawo ka in an neme ka, kuma an neme ka. Kada ka sa in sake rubutawa.

Ka gaida Luba. Wassalam.

Halliru


Mbakawu, 9 ga Fabrairu, 1974

Zuwa ga Kawu Halliru,

Gaisuwa da girmamawa. Takardarka ta same ni bayan kwana goma sha takwas, a hannun direban da ke ɗaukar banda. Na ji labarin idon Inna, raina ya ɓaci, Allah ya sawwaƙe. A gaishe ta, a gaida uwargida Gwaggo Saudatu da yara. Ni zazzaɓin bakin ruwa ya kayar da ni har sau biyu, Luba kuma cikinta ya tsufa.

Kawu, ka yi mini faɗa tun kafin ka ji ta bakina. Ruwan nan ba kogin Binuwai ba ne da ka sani. Daji ne aka tare wa ruwa ya cinye shi, itatuwan suna nan tsaye a ƙarƙashi. Koma uku na saya, kututture ya yayyaga biyu a watan farko. A watan Agusta farfelar inji ta daki icce ta karye, ta tafi da wani ƙarfe a ciki. Na kai injin wurin makaniki a Gaundare, ya ce sai an aiko da kayan daga Duwala, har yau ana aikowa. Yanzu da filafili nake fita kamar kowa, abin da na kamo ko tuwo ba ya isa. Ban gaya maka ba ne don kullum ina cewa wata mai zuwa zan gyara.

Zancen zuwa Garwa kuwa ba zai yiwu yanzu ba. Ruwa ya fara ja, yanzu ne kifi ke kamuwa, in na bar wurin wata guda na rasa shekarar. Kuma in na zo da hannu biyu, me zan ba su? Zuwana ba zai fid da kai ba, Kawu. Abin da ya fi, ka je ka ba su wani abu ko kaɗan ne, su ga ana motsi, ni kuma in na samu in mayar maka.

Sannan akwai maganar da ta tsaya mini a rai. Ka ce ranka bai so ba, Inna ce ta sa ka. Ni ban ga haka ba ranar. Na ga mutumin da ya sa babbar riga ya je banki, ya dawo yana gaya wa mahautan Garwa cewa ɗansa ya sayi jirgi mai inji. Kuma kwandon banda huɗu da na aiko lokacin da abin ke tafiya, ban ji an mayar da ko ɗaya ba. Tuwon shekara shida da kake ambata, na ci, ban musa ba, amma ni ma na ɗebi ruwa na wanke kayan ciki a kwata duk tsawon shekarun nan ba a biya ni ba.

Ka yi haƙuri in na faɗi abin da bai dace ba.

Ɗanka, Lukmanu


Garwa, 2 ga Maris, 1974

Lukmanu,

Lafiyarmu ƙalau, tun da al'ada ce a faɗa. Inna tana nan. Allah ya sauki Luba lafiya, ita ba ta yi mini komai ba.

Na karanta takardarka sau uku don in tabbata ba idona ne ke yi mini wasa ba. In je in ba su wani abu. Kai ka ci kuɗi, kai ka karya inji, ni kuma in kwance bakin aljihu. Wannan shi ne karatun da aka koya maka a lakwal? Ka zauna a bakin ruwa kana aikena kamar yaron shagonka, har da lissafin kwandon kifi. Kifin ma rabinsa tsutsa ta cinye, Saudatu ta zubar, kunya ce ta hana mu faɗa.

Bari in koya maka abin da ake kira lamuni, tun da ka manta ko ba ka taɓa sani ba. Shekarata talatin a kara, kasuwar shanu. Na tsaya wa mutum ya fi ashirin ya ɗauki shanu bashi a hannun Fulani da dillalai. Ba a taɓa cewa in biya wa wani ba. Wanda ya yi lamuni, fuskar mutum ya lamunta. In mai bashi ya ɓace, ka nemo shi, ka riƙo hannunsa ka sa a hannun mai dukiya a gaban shaidu, ka fita. Shekarar da wani mahauci Brahim ya gudu da kuɗin bijimai takwas, ni na tsaya masa. Na rufe teburina kwana tara, na bi sawunsa har Mindif, na same shi a gidan surukansa a gindin dutse, na kawo shi gaban Sarkin Fawa. Daga ranar babu wanda ya sake ambata sunana a maganar. Amma wanda ya kuskura ya cire ko dala ɗaya ya biya, ya ɗauki bashin ke nan a wuyansa, kowa a kara ya san wannan. Shi ne ramin da kake so in faɗa, ka samu ka sulale.

Su ma mutanen bankin dabarar da suka so yi mini ke nan. Sun kira ni, na je. Babbansu, wani Mushe Charles, wato Malam Charles da Faransanci, ya ba ni kujera har da ruwan sanyi. Ya ce da Fulatanci in na yarda in riƙa zuba dubu goma sha biyar duk wata, za su bar maganar a nan, ba za ta je kotu ba, kuma ya ba ni zuwa ƙarshen Afrilu in yi shawara. Dubu goma sha biyar ba ta fi ƙarfina ba, ko a wannan shekarar. Na ce masa ba na bukatar shawara, ban ci kuɗinsu ba, wanda ya ci yana Tibati kuma zan kawo musu shi. Ya yi ta kallona, ya ce in sake tunani. Na tashi na bar masa ruwansa.

Théodore ma ya dame ni, wai takardar banki daban take da maganar kara, wai gidana suke kallo. Mutumin kirki ne, amma bai taɓa sayen ko akuya bashi ba, albashi yake jira duk ƙarshen wata, me ya sani a lamuni? Kai da kanka ka karanta mini takardar ranar, ka ce shaida ce cewa na san ka kuma ina da mazauni a gari. Ko ba haka ka ce ba?

Ina ba ka zuwa ƙarshen watan nan. Ka zo da ƙafarka. In ka bari na zo da kaina, mutanen bakin ruwan nan za su ga abin da za su daɗe suna ba da labari.

Halliru


Garwa, 11 ga Mayu, 1974

Lukmanu,

Wata biyu da kwana tara babu amsa. Na tambayi direbobin banda, sun ce kana nan da ranka, an ma yi maka haihuwa. Allah ya raya.

Ba zan yi dogon zance ba. Inna tana kwance kwana shida ke nan, ba ta cin komai sai ruwan koko. Sunanka take kira. Ni da kai akwai abin da ke tsakaninmu, amma wannan ba lokacinsa ba ne. In kana so ka same ta, ka taso ranar da takardar nan ta shiga hannunka. In ba ka zo ba, kai da Allah.

Na ba direban da zai kawo maka takardar nan kuɗin motarka, ka karɓa a hannunsa.

Halliru


Mbakawu, 3 ga Yuni, 1974

Kawu,

Na iso gida lafiya, in kana son sani. Jaririyar tana nan, Luba tana nan. Ban yi maka sallama ba da zan taho, don in na buɗe baki a ranar, abin da zai fito ba zai yi kyau a gaban Inna ba.

Kwana biyu na yi a bayan mota a kan kwandunan kifi, ina kuka kamar yaro, ina roƙon Allah ya sa in same ta da rai. Na shigo gida na tarar da ita zaune a kan tabarma tana ɓare gyaɗa, tana yi wa Gwaggo Saudatu faɗa a kan gishiri. Ta shafa fuskata ta ce me ya kawo ni ba sanarwa. Da ran mahaifiyarka ka yi mini tarko, Kawu. Ko ruwa ban sha ba ka riƙe hannun rigata, ka kira mahauta biyu su zama shaidu, kuka ratsa da ni ta tsakiyar kasuwa kamar ɓarawon akuya. Har da tsayawa a teburin kowa kana cewa ga shi ka kawo shi.

To, ka kai ni. Ka ji abin da aka ce ko kuwa fushi ya toshe maka kunne? Ka kama hannuna ka ɗora a kan teburin Mushe Charles, ka ce, “Ga mutuminku, na fita.” Ya tambaye ni, “Kana da kuɗin?” Na ce babu. “Kana da gida ko fili?” Na ce babu, sai kwale-kwale da injin da ya mutu. Ya juya wurinka ya ce, “Malam Halliru, to me zan yi da shi? Ka mai da shi inda ka ɗauko shi. Na ba ka har ƙarshen Afrilu, ka ƙi. Takardunku sun tafi kotu tun makon jiya, ba sa hannuna kuma.” Ka ce a kira Sarkin Fawa. Masu gadi suka yi dariya. Ni na ji kunyar dariyar nan fiye da kunyar da ka ba ni a kasuwa.

Ka tambaye ni a takardarka ta Maris ko ba ni na ce maka shaida ce ba. Ni na ce. Ƙarya na yi. Na karanta takardar tun daga sama har ƙasa kafin in nuna maka wurin dangwale. Ta ce ni da kai mutum ɗaya ne a gaban bashin nan, wanda suka ga dama shi za su bi, ba sai sun fara nemana ba, kuma gidanka ne jingina. Na san in na fassara maka haka za ka naɗe takardar gidanka ka tafi. Na ce a raina shekara biyu zan biya, ba za ka taɓa sani ba. Wannan laifina ne, na ɗauka, kuma yana hana ni sukuni.

Amma sauran naka ne. Na rubuta maka a Fabrairu cewa zuwana ba zai fid da kai ba, ka ɗauke shi rashin kunya. Théodore ya gaya maka, ka ce bai taɓa sayen akuya ba. Mai bankin da kansa ya buɗe maka ƙofa, ka bar masa ruwansa ka fito kana alfahari. Kuma ba gaskiya ba ne cewa ban amsa ba. Ranar huɗu ga Afrilu na rubuta maka duk abin nan da na faɗa yanzu, na roƙe ka ka karɓi dubu goma sha biyar ɗin kafin wata ya ƙare, na ce zan riƙa aiko da rabi. Na ba wani direba mai zuwa Garwa. Da na faɗa maka a ƙofar banki ka ce in rufe maka baki, maƙaryaci ba ya da takarda.

Na aika wa makanikin ya sayar da injin yadda yake. Duk abin da aka samu zan aiko. Ka nemi lauya, ko ka bar Théodore ya raka ka kotun, kada ka je da mahauta. Wannan karon ka ji magana ko daga bakin wanda ka tsana ne.

Lukmanu


Garwa, 8 ga Disamba, 1974

Lukmanu,

Muna raye. Ba na tambayar lafiyarka, direbobi suna faɗa mini ko ban tambaya ba.

An sayar da gidan ranar Alhamis ta makon jiya. Tun watan Satumba wusiye, ma'aikacin kotun nan mai karɓe kaya, ya zo ya ƙirga ɗakuna ya manna takarda a ƙofar zaure. Na je kotu sau huɗu, Théodore yana fassara mini. Alƙalin bai tambaye ni komai ba sai ko yatsana ne a takardar. Na ce nawa ne. Na nemi a mayar da ni kan dubu goma sha biyar, aka ce lokacinta ya wuce. Na zaga 'yan kara, kowa fari ya karya shi, abin da suka haɗa mini bai kai kashi ɗaya cikin huɗu ba, na mayar musu da abinsu. Wani dillalin shanu ne ya saya, mutumin da na taɓa tsaya wa da bakina. Da aka cire bashin da ruwansa da kuɗin kotu da na wusiye, aka miƙo mini dubu hamsin da biyu a ambulan. Gidan da ubana ya gina ke nan.

Dubu saba'in na injin da ka aiko sun iso. Na karɓa, ba zan yi maka ƙaryar cewa na fi ƙarfinsu ba. Da su na kama ɗaki biyu a bayan kwata. Saudatu da ƙananan yara suna ɗaya, ni da Inna muna ɗaya, manyan na raba su gidajen mutane.

Takardarka ta huɗu ga Afrilu ta zo. Shekaranjiya wani direba ya kawo mini ita teburina, duk ta yi baƙi da man mota, ya ce motarsa ce ta lalace a hanya aka jinginar da ita, sai yanzu da aka tashe ta ya ga takardar a ƙarƙashin kujera. Na karanta. A kan wannan ba ka yi ƙarya ba, na janye abin da na ce a ƙofar banki. Na kuma zauna na tambayi kaina, da ta zo a Afrilu, da na ji? Ban sani ba. Ina jin da na ce wata dabarar ce. Wannan bai wanke ka ba. Kai ka riƙe yatsana ka kai shi kan takarda kana sane, a gaban Allah, kuma ban yafe ba. Ƙaryar da na yi maka da ciwon Inna ita ma ina neman gafarar Allah a kanta, ba taka ba.

Inna ba ta san an sayar da gidan ba. Na ce mata katangar ɗakinta ce ta tsage, magina suna gyara, mun ɗan matsa kafin su gama. Na hana kowa faɗa mata. A nan ba ta san inda ƙofa take ba, ba ta san inda randa take ba, jiya ta buga goshi a bango, don haka yanzu ba ta tashi sai an kama ta. Kullum da safe takan tambaye ni ko maginan sun gama, in ce saura kaɗan, ta ce malalata ne, in kore su in nemo wasu.

Da ta ji ina rubutu yanzu ta tambaya wa nake rubuta wa. Na faɗa mata. Ta ce in gaishe ka, in ce ta yi fushi da ka tafi ba sallama amma ta huce. Ta ce in an gama gyaran ka kawo Luba da jaririyar su yi mata wata guda, akwai ɗaki.

Na isar da saƙonta. Kada ka zo, kuma kada ka sake rubuto mini.

Halliru